Fanshon Mai Laifi: Ina Adalci Ya Tsaya, Ina Huce Haushi Ya Fara?

Godiya ta tabbata ga Allah, Mai ciyar da wanda ya bi Shi da wanda ya saɓa Masa. Tsira da aminci su ƙara tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa da sahabbansa, da duk wanda ya bi sawunsu har ranar sakamako.

Bayan haka, ya ƴan'uwana, ni ɗalibi ne ƙarami, mutumin Kalfu, ina karatun shari'a a jami'ar Tawa. Ban kai in ba da fatawa ba, kuma ba ita na zo bayarwa ba. Wata mas'ala ce ta kwana mini a rai wata da watanni, na ga gara in shimfiɗa ta a gabanku, wanda ya ga karkata ya miƙe mini ita. Mas'alar ita ce: ma'aikacin gwamnati da ya yi ritaya, daga baya kotu ta kama shi da laifi, shin daidai ne a yanke masa fansho?

Abin da ya jawo maganar

A unguwar da nake haya a Tawa akwai wani dattijo da ya yi aikin gwamnati sama da shekara 30. Sahu ɗaya muke tsayawa sallar asuba. Bayan ya ajiye aiki aka tono wani tsohon lissafi, aka gano cewa kuɗin gina rijiyoyi a wasu ƙauyuka sun bi ta hannunsa, kuma ba duka suka isa inda aka nufa ba. Kotu ta yanke masa ɗauri. Ba a daɗe ba fanshonsa ya tsaya.

Ranar da labarin ya bazu, mun tashi daga wazifa ke nan, sai muka tsaya mu ɗalibai a ƙofar zawiya muna ta maganar. Wani abokina ya ce, “Rana dubu ta ɓarawo, rana ɗaya ta mai kaya. Da ni ne mai iko, ko dala ba zai ƙara gani ba.” Nan take na goya masa baya, har na fi shi zafi. Ni ɗan Adar ne, ba sai an gaya mini darajar rijiya ba. Na tashi ina ganin uwata da ƙannena mata suna fita da jakai da jarkoki tun kafin kiran salla, a watannin bazara ba su dawowa sai rana ta take. A wurina wanda ya ci kuɗin rijiya ya sha ruwan mutane ne ya bar su da ƙishirwa.

Bayan kamar wata biyu, ina kan hanyar makaranta da sassafe, sai na ga matar dattijon, tsohuwar da a da ko ƙofar gida ba ta cika leƙowa ba, zaune gaban kasko tana suyar ƙosai, jikokinta marayu biyu suna miƙa wa masu saye. Na gaishe ta, ta amsa da fara'a, ta ce, “Ɗan nan, na nawa za a sa maka?” Na saya na wuce, amma ƙosan ya ƙi bin maƙogwarona. Tun daga ranar nake tambayar kaina: hukuncin nan da na yi wa tafi, a kan wa ya sauka?

Fansho kuɗin wane ne?

Kafin a ce a karɓe abu, sai an san mai shi. Da yawa a ƙauyukanmu suna ɗaukar fansho kamar goron salla da gwamnati take ba tsofaffin ma'aikatanta. In da kyauta ce, da mai bayarwa yana da damar naɗe hannunsa duk ranar da ya ga dama. Amma wanda ya taɓa duba takardar albashin ma'aikaci ya san abin ya wuce nan. A nan Nijar kowane wata ana cire wani kaso daga albashin, gwamnati ta ƙara nata, a zuba a asusun ritaya, kuma hukumar CARENI ce ke kula da fanshon ma'aikatan gwamnati. A Nijeriya dokar fansho ta 2014 ta ɗora aƙalla kashi 8 cikin ɗari a kan ma'aikaci, kashi 10 a kan wanda ya ɗauke shi aiki. Abin ya yi kama da manomin da yake ware ƴan dammuna a kowace kaka yana kaiwa rumbu, don shekarun da hannu ba zai iya riƙe hauya ba. A harshen fiƙihu aiki ijara ne, fansho kuwa wani yanki ne na ladan da aka jinkirta biyansa. Ko Kotun Ƙolin Indiya abin da ta tafi a kai ke nan a shari'ar Nakara ta 1982, inda ta tabbatar cewa fansho biyan aikin da ya gabata ne, ba alfarma ba.

Sai dai ijara tana da sharaɗi, sharaɗin ma'aikaci kuwa amana. Wannan ya sa dokokin ƙasashe ba su rufe ƙofar taɓa fansho ba. Ƙasashen da suka gaji tsarin aikin gwamnati na Faransa, irin tamu, sun san kora iri biyu: wadda ake barin mutum da haƙƙin fanshonsa, da wadda ake dakatar da shi. Kundin tsarin mulkin Nijeriya na 1999, a sashe na 173, ya hana riƙe fanshon ma'aikaci sai gwargwadon abin da doka ta yarda. Ƙa'idojin fansho na Indiya na 1972 sun sa kyakkyawan hali ya zama sharaɗi har bayan ritaya, suka ba da izinin janye fanshon wanda aka kama da babban laifi, duka ko wani sashe. Amurka ta yi tata dokar a 1954, daga baya ta taƙaita ta a kan laifuffukan da suka shafi tsaron ƙasa, kuma tana mayar wa mutum abin da aka cire daga albashinsa. Tsohuwar dokar Faransa kuwa, idan ta dakatar da fanshon mutum, takan bar wa matarsa da ƙananan ƴaƴansa rabi.

Abin lura a nan shi ne, masu yin waɗannan dokoki sun ba da izinin yankewa, amma kusan kowannensu ya gindaya wani shinge. Kamar dai sun ji a jikinsu cewa wuƙar tana iya zarce inda aka ɗora ta.

Hujjar masu cewa a yanke

Kada mu raina hujjar abokina, domin tana da ƙarfi. Mu duba abin da ya faru a maƙwabta. An naɗa Abdulrasheed Maina ya shugabanci kwamitin gyara harkar fansho a Nijeriya. Da shari'a ta taso masa, ya tsallake beli, aka kama shi a nan Yamai a ƙarshen 2020, aka mayar da shi Abuja. Ranar 8 ga Nuwamba 2021 Babbar Kotun Tarayya ta ɗaure shi shekara 8 a kan kuɗi sama da naira biliyan 2 na ƴan fansho. Su wane ne masu waɗannan kuɗi? Tsofaffi ne da ƙarfinsu ya ƙare, masu jiran haƙƙinsu don su sayi hatsi da magani. To wane kunne ne zai ji daɗin a ce wanda ya yi irin wannan aiki yana karɓar kuɗi kowane wata daga baitulmalin da ya yashe?

Addini ma bai yi wasa da wannan ba. Lokacin da Annabi (S.A.W.) ya aiki Ibnul Lutbiyya karɓar zakka, ya dawo ya ware wani abu ya ce shi aka ba kyauta, Annabi (S.A.W.) ya hau mumbari ya yi faɗakarwa, ya nuna cewa da mutumin ya zauna a gidan iyayensa babu mai kawo masa wannan kyauta. Lokacin da wata mata ƴar babban gida daga Banu Makhzum ta yi sata, aka tura Usamatu ɗan Zaidu ya nemar mata sassauci, Annabi (S.A.W.) ya ƙi, ya bayyana cewa abin da ya halaka al'ummomin da suka gabata shi ne ƙyale babba idan ya yi sata da hukunta mai rauni. Sayyidina Umar kuma, Allah Ya ƙara masa yarda, yakan raba dukiyar wasu gwamnoninsa biyu ya kai rabi baitulmali idan ya ga ta hauhawa a lokacin mulkinsu. Saboda haka duk wanda ya ce a bar maciyin amana ya tafi da abin da ya ci da sunan tausayi, tausayinsa ya ɓata hanya, ya manta da matan da har yau suke bin jakai neman ruwa.

Darasin Sayyidina Abubakar da Misɗahu

Da na kai wa muƙaddaminmu maganar, bai ce mini eh ko a'a ba. Cewa ya yi, “Ɗana, je ka karanta abin da malaman tafsiri suka faɗa a kan aya ta 22 a Suratun Nur, ka dawo.”

Na je na karanta. Misɗahu ɗan Usasa, Allah Ya ƙara masa yarda, sahabi ne, mai hijira, wanda ya halarci Badar. Talaka ne, kuma ɗan'uwan Sayyidina Abubakar na jini, shi ne ma yake ɗauke da ciyar da shi. Da munafukai suka ƙaga ƙazafi ga Uwar Muminai Nana A'isha, Allah Ya ƙara mata yarda, Misɗahu yana cikin waɗanda harshensu ya zame. Bayan Allah Ya wanke ta daga sama, aka tsayar masa da haddi. Sayyidina Abubakar ya yi rantsuwa ba zai ƙara ba shi komai ba. Wa zai ga laifinsa? Ƴarsa ce aka taɓa, iyalin Manzon Allah (S.A.W.), kuma wanda ya taɓa ta a akushinsa yake ci. Amma ayar ta sauko tana hana masu falala da wadata yin rantsuwar yanke alheri ga dangi da miskinai da masu hijira, tana kiransu zuwa ga yafiya, tana tuna musu cewa su ma gafarar Allah suke nema. Sayyidina Abubakar ya amsa cewa lallai yana son gafarar, ya mayar wa Misɗahu abin da ya saba ba shi, ya ce ba zai ƙara yankewa ba har abada.

Ya ɗan'uwa, tsaya a nan ka yi nazari. An tabbatar da laifi, an zartar da hukunci, ba a rage ko bulala ɗaya ba. Abin da aka hana shi ne ƙara yunwa a kan bulala. Shari'a ta ajiye wa laifin ma'auninsa, da ya cika sai aka tsaya. Kuma ka lura, abin da Sayyidina Abubakar yake bayarwa sadaka ce daga aljihunsa, Misɗahu bai yi masa aikin kwana ɗaya ba. In har an so a ci gaba da kyauta ga wanda ya sha haddi, ina ga ladan da mutum ya yi shekara 30 yana tarawa?

Ita ma matar nan ta Banu Makhzum, labarinta bai ƙare a ranar hukunci ba. Nana A'isha ta ba da labarin cewa ta tuba tuba mai kyau, ta yi aure, kuma takan zo da buƙatarta a isar da ita ga Annabi (S.A.W.). Ƙofar ceto ce aka rufe mata kafin hukunci. Bayan hukunci ta tarar da ƙofar taimako a buɗe. Haka aka ruwaito daga Sayyidina Ali, Allah Ya ƙara masa yarda, cewa ya gaya wa Khawarijawa, alhali suna kafirta shi, ba zai hana su masallaci ba, ba zai hana su rabonsu na baitulmali ba muddin hannunsu yana tare da na jama'a.

Inda ƙiyasin ya tsaya

Da na koma na faɗa wa Malam abin da na fahimta, ina murna na sami amsa, sai ya ce, “Saura rabi. Sayyidina Abubakar haƙƙin wa ya yafe?” Na ce, “Allah Ya gafarta Malam, nasa.” Ya ce, “To kuɗin rijiya fa, na wa ne?”

Nan na gane. Mutum yana da ikon yafe abin da yake nasa. Shugaba kuwa wakili ne a kan baitulmali, ba shi da ikon yafe kuɗin jama'a, kamar yadda mai riƙon maraya ba shi da ikon yin kyauta da gadon maraya. Malamai sun ce tuba daga zunubin da ke tsakanin bawa da Ubangijinsa tana da sharaɗi uku: dainawa, da nadama, da ƙudurin rashin komawa. In akwai haƙƙin mutane sai a ƙara na huɗu, wato mayar da shi ga masu shi. Zaman kaso ba ya sauke wannan, yawan istigfari ma ba ya sauke shi. Don haka cire kuɗi daga fanshon wanda ya ci dukiyar jama'a don a biya abin da ya ci, adalci ne, har ma jin ƙai ne gare shi, domin gara a cire masa a nan da a cire daga ladansa a ranar da babu dala babu jika.

Amma ko biyan bashi yana da ladabi. A fiƙihun Malikiyya, idan bashi ya cinye dukiyar mutum alƙali ya raba ta ga masu binsa, ana bar masa abincinsa da na waɗanda ciyar da su ya wajaba a kansa, da suturarsu. Masu sharhin Mukhtasar sun tsananta a kan wanda haƙƙoƙin zalunci ne suka mamaye dukiyarsa, amma shi ma sun bar masa abin da zai kashe yunwa. Ba su ce a bar shi ya mutu ba.

Daga nan na fahimci cewa abu biyu ne muke kira da suna ɗaya. Akwai cirewa don mayar da haƙƙi. Wannan tana da lissafi, tana da ranar ƙarewa, kuma kuɗin suna da inda za su. Akwai kuma yankewa gaba ɗaya har mutuwa, wadda ba ta tambayar nawa aka ci, nawa aka mayar. Ta farko takan gina rijiya in an kai kuɗin inda ya dace. Ta biyu babu abin da take ƙara wa mutanen ƙauye sai jin cewa wani ma yana wahala.

Sannan a tambaya: laifin yana da alaƙa da aikin? Wanda ya sayar da amanar kujerarsa daban yake da tsohon malamin makarantar da ya koyar da yara shekara 35 cikin gaskiya, bayan ritaya rikicin gona ya haɗa shi da maƙwabci har ya ji masa rauni. Na biyun ya yi laifi, a hukunta shi, a biya wanda ya cuta. Amma yaran da ya koyar sun riga sun iya karatu. Aikin ya cika, da wace hujja za a soke ladan?

Waɗanda ba su ci ba

Alƙur'ani ya maimaita a surori da dama, kamar An'am da Isra'i da Faɗir, cewa ba a ɗora wa wani rai kayan laifin wani. Hausawa ma sun ce kowa ya ɗebo da zafi, bakinsa. To a ƙasarmu fansho ba na baki ɗaya ba ne. Ku duba Adar: samari sun tafi ci-rani Abijan da Libiya da Nijeriya, gidaje sun rage tsofaffi da mata da yara. Mai fansho guda shi ne mai sayen buhun hatsi idan rumbu ya ƙare kafin kaka, shi ne mai biyan kuɗin magani, shi ne mai riƙon marayun ɗan'uwansa. Idan aka yanke, shi yana gidan kaso ana ba shi abinci, tukunyar gidansa ce take kifewa.

Wani zai ce, ai iyalin sun ci daga haramun ɗin. In gida ne ko mota ko gona aka saya da kuɗin, a karɓe, babu mai jayayya. Amma jikan da bai kai shekara 10 ba, me ya sani game da lissafin ofis? Alƙali Abu Yusuf ya kawo a Kitabul Kharaj cewa Sayyidina Umar ya ga wani tsoho Bayahude yana bara, ya kama hannunsa, ya sa aka yanka masa abin ci daga baitulmali, yana ganin rashin adalci ne a amfana da ƙuruciyar mutum a yar da shi a tsufansa. Ƙasar da ta bar tsohuwa da marayu a kan titi saboda laifin da ba su yi ba, ta warware wata cuta ne ta hanyar ƙulla wata.

Rabonmu mu muridai

Mu ba alƙalai ba ne, ba mu rubuta doka. Amma muna da baki, muna da zuciya, kuma a kansu za a tambaye mu. Da na dubi kaina da kyau, na ga zafin da na yi a ƙofar zawiya ba duka ne don Allah ba. Akwai kishin mutanen ƙauye a ciki, gaskiya ne. Amma akwai wani daɗi ɓoyayye na ganin mai babbar riga ya faɗi, ni ɗan talaka ina kallo. Malaman tarbiyya sun daɗe suna gargaɗi cewa rai yakan sa rigar kishin addini ya fito, alhali hassada ce da ganin kai a ƙarƙashi. Alamar da ake rabewa da ita mai sauƙi ce. Mai son adalci, idan aka mayar da haƙƙi, zuciyarsa takan kwanta. Mai huce haushi kuwa ko an mayar ninki biyu sai ya ji da saura.

Malam bai bar ni a nan ba. Ya ce, “Ba kai ne ma'ajin ƙungiyar ɗaliban garinku ba?” Na ce ni ne. Ya ce, “Ba ka taɓa ara daga ciki ba?” Sai na sunkuyar da kai, domin na taɓa ɗaukar jika biyar a wani wata da kuɗin gida suka yi jinkiri, na mayar daga baya, ban gaya wa kowa ba. Ya ce, “Shi ma wataƙila da jika biyar ya fara. Laifi tudu ne, ɗana, ka taka naka ka hango na wani.” Washegari na faɗa wa ƴan ƙungiya abin da na yi, na nemi su yafe mini, muka sa doka ba a ƙara taɓa asusun sai da hannu biyu. Da yawanmu da muke jami'a yau, gobe mu ne a kan waɗannan kujeru, kuma in gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, sai ka shafa wa naka ruwa.

Abin da na tsaya a kai, a gwargwadon ƙaramin sanina, shi ne: a hukunta mai laifi komai girmansa, kada a nemar masa ceto. A karɓo haƙƙin jama'a har dala ta ƙarshe, daga kadararsa da fanshonsa, kuma a kai shi ga masu shi. A bar wa iyalinsa abin da zai riƙe su. Ranar da bashi ya ƙare, hannu ya tashi daga kan abin da ya saura. Mu kuma a zawiya, kada mu ƙaurace wa gidan da abin ya faɗa wa. Ƴan'uwa sun fara haɗa ɗan abin da ya sawwaƙa duk Juma'a ana kai wa tsohuwar nan, kuma wasu dattawa sun je gidan kaso sun gaishe da mijinta, suka yi masa nasiha ya sayar da filin da yake da shi ya rage nauyin da ke wuyansa tun yana numfashi.

Allah Ya tsare hannuwanmu daga dukiyar jama'a, Ya tsare zukatanmu daga murna da faɗuwar Musulmi. Ya shayar da ƙauyukan da aka hana ruwa, Ya rufa asirin iyalan da ba su ji ba su gani ba, Ya karɓi tuban masu tuba. Abin da na faɗa daidai daga Allah ne, kuskuren kuwa nawa ne, ina neman gafararSa da gyaranku. Allah ne Mafi sani. Tsira da aminci su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.